Yadda Ake Zama Marubucin Katun ɗin Barkwanci na Talabijin

Kashi ɗaya na katun ɗin barkwanci, irin wanda gidajen talabijin na Amurka suke nunawa da daddare, bai wuce minti 22 ba idan an cire talla. Amma daga ranar da wani ya ce yana da labari zuwa ranar da za a haska shi, akan ɗauki wata shida zuwa tara, wani lokaci har fiye. Sunan mutum ɗaya ko biyu za ka gani a matsayin marubuci, alhali hannun mutum goma ko fiye ya bi ta kan kowane layi. Sau da yawa maganar da ta fi ba ka dariya ba mai sunan ne ya rubuta ta ba. Wani ne can ƙarshen teburi ya jefo ta da ƙarfe takwas na dare, bakinsa cike da abinci, aka yi dariya, aka saka.

Na fara da wannan ne don kada mutum ya shiga da zaton banza. Mai ba da dariya a majalisa daban, marubucin barkwanci daban. Na majalisa sau ɗaya yake faɗin zancensa, a ƙyalƙyace, a watse. Shi kuwa marubucin katun aikinsa gyara ne: ya rubuta, a yaga, ya sake, a kuma yagawa, kuma gobe ya dawo da fara'arsa. Cibiyar sana'ar tana Los Anjalas a jihar Kalifoniya, musamman garin Burbank da ke gefenta, inda Disney da Warner Bros. da Nickelodeon suke da ɗakunan aikinsu. Tsarin can zan bi, domin shi ne sauran ƙasashe suke kwaikwayo, sannan in nuna ƙofofin da suka fi kusa da wanda yake Afirka.

Mataki na farko: ka san gidan da kake nema

Hanya biyu ake bi wajen haɗa katun, kuma kowace da irin marubucin da take so.

A ta farko rubutu ne a gaba. Marubuta za su gama komai a takarda, kowace magana da kowane motsi, 'yan wasa su ɗauki murya, sannan a miƙa wa masu zane. Haka ake yin The Simpsons, wanda ya fara da guntayen katun a 1987 kafin ya zama cikakken shiri a tashar Fox a Disambar 1989. Haka ma Family Guy na 1999 da Bob's Burgers na 2011.

A ta biyu zane ne a gaba. Marubuci zai ba da ƙashin labarin ne kawai, shafi biyu ko uku, sai masu zana allon labari, wato jerin hotunan da ke nuna yadda kowace fitowa za ta tafi, su ƙirƙiro maganganu da barkwancin da kansu suna cikin zane. Da wannan tsari SpongeBob ya tashi a 1999, haka ma Adventure Time a 2010. A irin wannan gida, wanda bai iya riƙe fensir ba rabonsa kaɗan ne. Rebecca Sugar daga zana allon labari a Adventure Time ta fito, har ta kafa nata shirin, Steven Universe, a 2013.

To, ka tambayi kanka tun yanzu: kana zane ko ba ka yi? Idan ba ka yi, ba laifi, yawancin marubutan hanya ta farko ko da'ira ba sa iya zanawa daidai. Amma ka san inda za ka dosa. Akwai kuma bambancin shirin manya da na yara. Na manya yawanci minti 22 ne, da marubuta na dindindin. Na yara sau da yawa minti 11 ne, da babban marubuci ɗaya da 'yan kaɗan, sauran aikin a raba wa 'yan kwangila na waje. Wannan bambanci zai dawo idan muka zo maganar kuɗi.

Mataki na biyu: kallo da alƙalami a hannu

Ka zaɓi shiri ɗaya da kake so, ka ware kashi biyar. Kallon farko ka yi dariyarka. Daga na biyu an daina wasa. Duk fitowa ka tsayar, ka rubuta layi ɗaya: ina ake, wa yake son me, me ya canza kafin fitowar ta ƙare. Idan ka gama za ka ga ƙashin labarin tsirara, kamar kanikancin da ya kwance inji ya jera kayan a kan tabarma. Za ka lura yawanci labari biyu ne suke tafiya tare, babba da ƙarami, suna karɓar juna. Za ka kuma ga inda ake tafiya talla, koyaushe a kan wata tambaya ake tsayawa.

Trey Parker da Matt Stone, masu South Park, suna da wata ƙa'ida da suka taɓa bayyana wa ɗalibai, kuma ban san wadda ta fi ta amfani ga mai koyo ba. Ka jera abubuwan da suka faru a labarinka. Idan abin da yake haɗa su "sai kuma" ne, labarin ya mutu. Abin da ake so tsakanin kowane abu biyu shi ne "amma" ko "saboda haka".

Bari in gwada da nawa misalin. A ce Tanko mai shayi ne, yana da akuya mai magana, sunanta Kyalla. Mai koyo zai rubuta: Kyalla ta cinye littafin bashi, sai kuma Tanko ya bi ta da sanda, sai kuma ta faɗa kwata, sai kuma aka yi ruwa. Abubuwa suna faruwa, amma babu wanda ya haifi wani. Yanzu duba wannan. Kyalla ta cinye littafin bashi, saboda haka duk 'yan unguwa suka rantse ba a bin su ko sisi. Amma duk abin da ta ci ta haddace, da ta fara tuƙa sai ta ambaci sunan mutum da adadin shayi da burodin da ya sha bai biya ba. Saboda haka masu bashi suka yi taron sirri, suka yi karo-karo don su saye ta su yanka. Amma da Tanko ya ga suna rububi sai ya riƙa ƙara farashi, har kuɗin da suka tara ya ninka bashin. Ka ga ban rubuta zancen ban dariya ko ɗaya ba tukuna, amma dariyar tana nan kwance a cikin ginin. Inda gini ya yi kyau, barkwanci da kansa yake zuwa. Inda bai yi ba, ko ka zuba zantuka ɗari ado ne a kan bangon da zai faɗi.

Mataki na uku: ka koyi tsarin shafi, ka kuma koyi tausayin mai zane

Tsarin shafi abu ne na kwana biyu, kada ya tsorata ka. Manhajar da aka fi amfani da ita a masana'antar ita ce Final Draft, tana da tsada. WriterDuet da Fade In da Celtx duk suna yin aikin. Salon harafin Courier ne, girma 12. Kowace fitowa tana farawa da layin da yake faɗin ciki ne ko waje, wane wuri, wane lokaci. Ga yadda abin yake kama:

WAJE. TEBURIN SHAYIN TANKO. SAFE.

Maza shida a kan benci, kowa ya rufe fuska da kofi. Kyalla tana kwance a gefe. Muƙamuƙinta ya fara motsi. Duk kofuna suka tsaya cak.

KYALLA
Alhaji Sule. Shayi mai madara goma sha huɗu. Ƙwai biyu-biyu.

Alhaji Sule ya zame a hankali ya shige ƙarƙashin benci. Hularsa ta rage a sama, tana tsaye a inda kansa yake ɗazu.

Dubi layin ƙarshe. Hular da ta tsaya a iska, ita ce dalilin da ya sa wannan labari ya zama katun. Duk rubutun da za a iya ɗauka da kyamara da 'yan wasa ba tare da an rasa komai ba, za a tambaye ka me ya sa za a kashe kuɗin zana shi. Kuma a katun dole ka faɗi abin da ido zai gani dalla-dalla, domin babu ɗan wasan da zai ɗaga gira da kansa. In ba a rubuta ba, ko mai zane bai ƙirƙiro ba, babu shi.

Sai dai akwai ƙaryar da masu koyo suke yi wa kansu, wai a katun komai kyauta ne, tunda zane ne. Ba haka ba ne. Ka rubuta "kasuwa ta cika maƙil, kowa yana gudu", daƙiƙa uku ya ɗauke ka. Amma wani zai zauna ya ƙirƙiro fuskar kowane mutum, da rigarsa, da yadda yake gudu, wani ya zana rumfunan, wani ya yi musu launi. Sabon wuri kuɗi ne, sabon mutum kuɗi ne, taron jama'a kuɗi ne, ruwa da wuta da hayaƙi kuɗi ne. Shi ya sa za ka ga shirye-shirye suna yawan komawa falo ɗaya da kicin ɗaya. Marubucin da furodusa yake so shi ne wanda ya san inda zai kashe da inda zai tsuke: ya ɓoye turmutsutsun kasuwar a bayan katanga, mu ji ihu kawai, sannan takalmi ɗaya ya faɗo gaban Tanko. Sau da yawa ma wannan ya fi ban dariya.

Mataki na huɗu: ka rubuta samfurin da za a san ka da shi

Babu mai tambayar takardar digirinka a wannan sana'a. Shafukanka ake karantawa. Samfuri iri biyu ne. Akwai kashin gwaji na shirin da yake kan tafiya: ka ɗauki mutanen wani shiri ka rubuta musu sabon labari, don a ga ko za ka iya magana da bakin da ba naka ba. Akwai kuma kashin farko na shirin da kai ka ƙirƙira. A da kashin gwajin ake nema. Yanzu masu ɗaukar aiki sun fi son wanda ka ƙirƙira, amma wasu shirye-shiryen horarwa har yanzu suna neman kashin gwajin. Ka yi duka biyun. Kuma kada ka aika wa shiri kashin gwajin da ka rubuta a kansa. Lauyoyinsu ba sa barin su karanta, gudun kada gobe ka ce sun sace maka labari.

Wajen ƙirƙirar naka, abin da za a duba shi ne ko injin zai iya haifar da kashi ɗari. Littafin bashin nan labarin kashi ɗaya ne. Abin da zai riƙe shiri shi ne zaman Tanko da Kyalla: shi mai son a ce masa mutumin kirki, ita kuma ba ta iya rufa asiri ba. Wannan saɓani ba ya ƙarewa. Mu da muka tashi da tatsuniyar Gizo da Ƙoƙi mun san abin nan tun muna yara: ba a taɓa gajiya da su ba don halin kowannensu a tsaye yake, labarin ne kawai yake sauyawa.

Ka fara da ƙashin labari, fitowa bayan fitowa, kafin ka rubuta magana ko ɗaya. Ka gama daftarin farko da sauri, ko da ya yi muni. John Swartzwelder, wanda ya rubuta kashi 59 na The Simpsons, fiye da kowa, ya bayyana cewa haka yake yi: ya zubar da daftarin farko a gurguje da maganganu na riƙon ƙwarya, washegari ya dawo ya gyara, domin rubutu ne mai wuya, gyara kuwa da daɗi.

Sannan ka tara abokai huɗu ko biyar, ka raba musu mutanen labarin su karanta da ƙarfi. Kai kada ka karanta, ka zauna da fensir. Inda aka yi dariya ka sa alama. Inda aka yi shiru a wurin da ka sa ran dariya, ka ja layi, kuma kada ka buɗe baki ka yi bayani. Barkwancin da sai an fassara shi gawa ne. Wanzami ba ya son jarfa, na sani, amma gara abokanka su yi maka ita a ɗaki da baƙo ya ajiye rubutunka a shafi na biyar.

Mataki na biyar: neman ƙofa

A nan ne gaskiya take da ɗaci. Babu hanya ɗaya, kuma da ɗan gari akan ci gari.

Tsohuwar hanya ita ce ta sanayya. Da yawa daga marubutan The Simpsons na farko sun fito ne daga Harvard Lampoon, mujallar barkwanci ta ɗaliban jami'ar Harvard. Al Jean daga can yake, haka ma Conan O'Brien, wanda ya yi rubutu a shirin daga 1991 zuwa 1993 kafin ya koma gabatar da shirin hira na dare. Wanda ya shiga yakan jawo na bayansa.

Hanyar da ta fi yawa ita ce ta yaron gida. Ka fara da ɗan aike a ofishin marubuta, mai sayo abinci da buga takardu. Daga nan ka zama mataimakin marubuta, wanda yake zaune a ɗaki yana rubuta duk abin da aka faɗa. Wannan kujera makaranta ce da babu irinta, domin kullum kana ganin yadda gwanaye suke kwance labari su ɗaura. In an yaba da kai, wata rana a ba ka kashi ɗaya ka rubuta. Wasu shekara biyu suke yi a wannan matsayi, wasu su yi bakwai ba a waiwaye su ba.

Akwai shirye-shiryen horarwa na kamfanoni. Nickelodeon yana da nasa tun 2000, Disney ma yana da nasa. Sharuɗɗansu suna canzawa shekara-shekara, kuma yawanci sai mai izinin aiki a Amurka, don haka ka karanta ƙa'ida kafin ka ɓata wata uku.

Sai hanyar yin naka. Parker da Stone da takardu masu launi da almakashi suka haɗa guntun katun a 1992 suna ɗalibai a Kolorado. Wani jami'in Fox ya gani, ya ba su kuɗi suka yi na biyu a 1995, kaset ɗin ya yi ta yawo hannu zuwa hannu, a 1997 South Park ya fara a Comedy Central. Yau YouTube da TikTok sun maye gurbin kaset. Idan ba ka zane, ka nemi mai zane da ba ya rubutu, suna nan da yawa suna neman labari. Minti ɗaya da ya ba mutane dariya ya fi wasiƙar neman aiki ashirin.

Ga wanda yake Afirka, ƙofa mafi kusa ba a Burbank take ba. Kamfanin Triggerfish na Afirka ta Kudu ya yi gasar neman labarai a 2015, a cikin waɗanda aka zaɓa akwai Malenga Mulendema 'yar Zambiya. Labarinta ne ya zama Supa Team 4, wanda Netflix ya fitar a Yulin 2023, kuma marubutansa mata ne 'yan Afirka. A Fabrairun 2024 Disney ya fitar da Iwájú tare da kamfanin Kugali, labarin da aka gina a kan Legas ta nan gaba. Irin waɗannan ayyuka ana yin zaman rubutunsu ta intanet, marubuta suna ƙasashe daban-daban. Ka riƙa bibiyar sanarwar irin waɗannan kamfanoni, da ta bikin katun na Annecy da ake yi a Faransa duk watan Yuni, inda ake da kasuwar gabatar da sababbin labarai.

Maganar ejan da manaja, wato wakilan da suke nema wa marubuci aiki, kada ta ɗauke maka hankali da wuri. Ejan kashi 10 cikin ɗari yake ɗauka daga abin da ka samu, manaja ma yawanci haka, lauya kashi 5. Daga abin da ka samu, na ce. Duk wanda ya nemi ka biya shi kafin ya samo maka aiki, ka kama gabanka.

Mataki na shida: zaman ɗakin marubuta

A ce an ɗauke ka. Ɗaki ne da dogon teburi, allo a bango, katunan takarda a manne, kowane kati fitowa ɗaya. A kujerar gaba akwai uban tafiya, wato shugaban shirin, wanda maganarsa ce ta ƙarshe a kan rubutu da murya da zane da kasafi. Aikinka ba shi ne ka yi shirin da kake so ba. Aikinka ka taimake shi ya yi wanda yake cikin kansa.

Ga yadda kashi ɗaya yake tafiya. Wani zai kawo ra'ayi. In ya karɓu, ɗaki gaba ɗaya zai fasa labarin, a jera shi a allo, abin da kan ɗauki kwanaki. Sai a ba mutum ɗaya ya je ya rubuta cikakken ƙashin, a gyara, sannan a ba shi kamar mako biyu ya kawo daftari. Daga nan rubutun ya daina zama nasa. Za a haska shi a babban allo, a bi shi layi-layi. In an zo kan maganar da ba ta gamsar ba, sai ɗaki ya yi tsit, kowa ya zuba wa rufi ido. Wani ya jefo tasa, shiru. Wani ya jefo, a yi murmushi. Ana iya cin rabin awa a kan layi ɗaya, ko a kan sunan shagon da zai bayyana a bango na daƙiƙa biyu. Idan uban tafiya ya yi dariya ya ce a saka, mataimaki ya buga, a wuce.

Bayan haka sai zaman karatu: 'yan wasan murya su karanta a gaban marubuta da manyan kamfani, kowane marubuci yana sa alama inda aka yi dariya. A koma a gyara. A ɗauki murya. Masu zane su yi allon labari, a haɗa hotunan da muryoyin a samu abin da ake kira animatik, wato katun na gwaji mara launi, mai tafiya da tsalle-tsalle. A kalla, a sake gyara, kuma wannan ce dama ta ƙarshe ta babban gyara da araha. Daga nan a tura wa masu cikakken zane, sau da yawa a Koriya ta Kudu. Kamfanin AKOM na Seoul ya daɗe yana zana The Simpsons. Bayan watanni aikin ya dawo da launi.

A wannan gaɓa akwai wata fasaha da ba a koyar da ita a ko'ina. Barkwanci ya tsufa a wata shidan nan, ko kuma an ji shi sau goma har ya gundure, ana son a canza. Amma an riga an zana bakin, sake zane kuma kuɗi ne. Sai a ce a nemo sabuwar magana mai gaɓoɓi daidai da motsin leɓen da ke akwai, ko a saka ta a lokacin da mai maganar ya juya baya. Kamar a ba ka karin waƙa ne a ce ka zuba sababbin kalmomi ba tare da ka karya shi ba. Wannan jinkiri ne kuma ya sa katun ba ya iya bin labaran yau da kullum. South Park ne ya fita daban, domin a cikin gida suke haɗa shi da kwamfuta, cikin kwana shida.

Akwai kuma gyaran da yake zuwa daga sama: na jami'an kamfani, da na sashen tacewa na tashar, wanda yake duba batsa da zagi da abin da yaro zai iya kwaikwaya ya ji ciwo. Wani gyaran shirme ne a zahiri. Amma ko shawarar ba ta da kai, yawanci akwai ciwo na gaske a wurin da aka nuna. Ka nemi ciwon, ka kawo naka maganin.

Ladubban sabon shiga kaɗan ne, amma su suke sa a sabunta kwangila ko a ƙi. Kada ka soki abu sai kana riƙe da madadinsa. In ka kawo ra'ayi aka wuce shi, ya wuce, kada ka dawo da shi bayan azahar da sabuwar riga. Kada ka ƙirga layukanka da suka tsira, kada ka je gida kana cewa wancan nawa ne. Ka yi dariya ga na wasu in ya cancanta. Makonnin farko ka fi sauraro, amma kada ka zama kurma, domin kujerar kuɗi ake biya a kanta. Mutane za su zauna da kai awa goma a rana, wata da watanni. Tsakanin gwani mai ɗacin rai da mai matsakaicin hannu da ake jin daɗin zama da shi, sau da yawa na biyun ake kira a zango na gaba.

Mataki na bakwai: matsayi, ƙungiya da aljihu

Tsanin a bayyane yake. Ana farawa da ƙaramin marubuci, a hau zuwa editan labari, babban editan labari, sannan jerin muƙaman furodusa, har zuwa mataimakin shugaban shiri da uban tafiya kansa. Yawancin sunayen furodusa da kake gani a farkon katun marubuta ne da suka daɗe. A shirin yara kuwa, editan labari shi ne babban marubuci.

Abin da ya kamata ka sani tun kafin ka sa hannu a takarda shi ne wace ƙungiya ce take riƙe da shirin. Marubutan fim da talabijin na Amurka suna ƙarƙashin ƙungiyar marubuta, wato Writers Guild of America. Amma yawancin katun suna ƙarƙashin The Animation Guild, reshe na 839 na ƙungiyar ma'aikatan bayan fage, saboda tun asali ana ɗaukar labarin katun a matsayin aikin masu zane. Mafi ƙarancin albashin marubuci a can bai kai na ƙungiyar farko ba, kuma kuɗin maimaita nuna shiri ba ya zuwa aljihunsa kai tsaye, asusun lafiya da fansho yake tafiya. Marubutan katun ɗin dare na Fox sai a 1998 suka samu shiga ƙungiyar marubuta. Ke nan mutum biyu za su iya yin aiki iri ɗaya a titi ɗaya, ɗaya ya fi ɗaya samu nesa ba kusa ba.

Ƙungiyar marubutan ta yi yajin aiki na kwana 100 daga Nuwambar 2007 zuwa Fabrairun 2008, ta kuma yi na kwana 148 a 2023, daga 2 ga Mayu zuwa 27 ga Satumba. Na biyun ya samo ƙa'idar mafi ƙarancin adadin marubuta a ɗaki, da sharaɗin cewa ba za a ɗauki abin da ƙirƙirarriyar basira ta fitar a matsayin aikin marubuci ba. Dalilin rigimar shi ne zamanin kallo ta intanet ya gajarta zango. Inda a da ake yin kashi 22 a shekara, yanzu 8 ko 10 ne, aikin 'yan watanni, sannan zaman jira. Shirin da ya yi shekara talatin yana tafiya tsiraru ne. Family Guy kansa an taɓa soke shi a 2002, sai a 2005 ya dawo. Don haka albashin wata biyar ka raba shi ya kai sha biyu, kuma tun kana kan aiki ka fara sabon samfuri, ba a fafe gora ranar tafiya.

Wanda yake aiki daga wajen Amurka, babu ɗayan ƙungiyoyin nan da zai tsaya masa, takardar kwangilarsa ce kaɗai garkuwarsa. Ka duba abu huɗu kafin ka sa hannu: nawa za a biya a kowane mataki, wato ra'ayi da ƙashin labari da daftari, gyara sau nawa kuɗin ya ƙunsa, yaya za a rubuta sunanka a allo, kuma wa ya mallaki mutanen labarin. Na ƙarshen nan ya fi sauran nauyi idan kai ka ƙirƙiro shirin. In takarda ta ce ka sallama komai, to ranar da aka fara buga hoton Kyalla a jikin jakar makaranta da kofin shayi, ko kwabo ba za a ba ka ba. Ka kai wa lauyan da ya san haƙƙin mallaka ya karanta, ko da kuɗin karatun zai cinye rabin biyan farko.